Shirun rediyo da waken Gabi

Wa ya kamata maigidana ya gaskata, ɗan jarida ko hukuma? Shekara biyu ke nan ina tambaya ina kuka, ban samu amsa ba.

Gonarmu tana wajen Gabi, gab da daji. Malam bai taɓa ɗaura wa jaki amalanke ba sai ya ji labarai. Ni ban yi karatu ba, shi ma haka, rediyon nan ita ce takardarmu. Dokarsa guda ce: duk garin da rediyo ba ta ambata ba, lafiya ya kwana.

Da kaka wani ɗan jarida ya ce an ga ƴan bindiga suna taruwa a dajin. Malam ya fasa zuwa roron wake. Bayan kwana uku sai ga wani babba a rediyon, murya sumul kamar ya sha mai. Ya ce suna da bayanan sirri, ko kurciya ta tashi a dajin sun sani, ɗan jaridar nan tsorata jama'a yake yi. Aka kai ɗan jaridar kaso ya huta. Bayanan kuwa sun yi sirri ƙwarai, don mu da abin zai faɗa wa ko kalma ba a gaya mana ba.

Daga nan rediyo ta shiryu. Sai kiɗa da gaishe-gaishe da nasihar wanke hannu.

Na ce, "Malam, shirun nan na tsoro ne."

Ya ce, "Ke da ba ki san inda ake murɗa ta ba? Kwana goma ba a ce Gabi ba. Wake na fashewa a gona, kina mini fassara."

"To babban nan ya zo ya raka ka, tunda ya san dajin."

"Yana da aiki, tsohuwa."

Washegari aka kawo mini gawarsa a amalankensa, kan buhun da bai cika ba. Na kunna rediyon da kaina, na jira. Aka yi ta gaida masu biki a Safo. Gabi lafiya ta kwana.

Safiyar da zai tafi na biyo shi har zaure, na riƙe igiyar jakin, hawaye na zuba. Ya ɓamɓare yatsuna a hankali, yana dariya.

"Sake shi mana, kina tsorata mini jaki. Ki dama fura da yawa, kafin la'asar na dawo."