Kilishin Ganye

Ni ne mutumin da ya shanya ɗanyen ganye a rana kamar kilishi, kuma da furfurata na yi. Gara in faɗa da bakina, don ƙanen matata ya riga ya kai labarin can ƙauyensu, Dundaye, ya ƙara masa abin da ba a yi ba.

Shekara arba'in ina fawa. Makaranta aji biyu na yi, malamin ya ce kaina ya fi dacewa da ɗaukar tire, mahaifina bai yi masa musu ba. A cikin shekarun nan babu ranar da na ga Hajiya, matata, ta zauna da kwanon kwaɗon zogale ban yaɓa mata magana ba. Ɗiyar manoma ce daga Dundaye. Nakan ce danginta da awakinsu kwano ɗaya suke ci. Ita kuwa sai ta ci gaba da lasar yatsa.

Sai likita ya auna ni, ya ce jinina ya hau, sukari ma ya fara leƙowa. A rage nama, a ci ganye. A gaban Hajiya ya faɗa. Ba ta yi dariya ba, ko a hanyar gida, kuma wannan ya fi ƙona mini rai. Na san ranar da na sa hannu a kwanon zogalenta, duk baƙar maganar da na yi mata za ta dawo mini ɗaya bayan ɗaya. Na ƙudurta a raina ba zan ci ba.

Ɗiyata mai karatu a jami'a ce ta nuna mini mafita a waya. Wata Baturiya ce ke shuka koren waken nan da ake zubawa a shinkafar biki, ba don ƙwayar ba, don tsiron kawai. Da Turanci take bayani. Ɗiyata ta ce bari ta fassara mini, na ce me kunne zai ji wanda idona bai gani ba. Rabin farko na kalla, na miƙa mata wayarta.

Na sayi busasshen waken, na jiƙa shi kwana ɗaya. Na huhhuda tsofaffin tirena uku na talla, na zuba ƙasa da takin tumaki, na barbaɗa waken kusa-kusa, na jera su a inuwar dogonyaro. Allah ya taimake ni lokacin sanyi ne, da bazara ce da ranar Sakkwato ta dafa mini shi a tiren. Safe da yamma ina yayyafa ruwa. Cikin kwana goma sha biyu ya kai taƙi guda, da 'yan zare-zare a kai suna neman abin kamawa. Na tsinki ɗaya na tauna, na ji zaƙi-zaƙi. Daga ranar duk wanda ya shigo gidanmu a Ƙofar Atiku sai na ja shi ya gani. A majalisa kuwa na sanar cewa ni ganyen Turawa zan ci, ba abincin akuya ba.

Abin da ke cikin rabin da ban kalla ba, daga baya na ji shi. Kaɗan-kaɗan ake yanka da almakashi, a bar ganyen ƙasa don ya sake tohowa. Wanda aka yanka kuma a naɗe shi a tsumma mai laima, a ajiye wuri mai sanyi, a cinye cikin kwana biyu ko uku. To ni mahauci ne, ban san rabin yanka ba. Na wasa wuƙa, na bi tiren nan uku na share su har ƙasa da hantsi ɗaya. Sai ga ni tsaye da tulin ganyen da ba zan iya cinyewa ba. A sana'armu, abin da ba zai ƙare yau ba rana ake ba shi. Na shimfiɗa asabarin kilishi a tsakar gida, na jera tsiron ɗaya-ɗaya, har da barbaɗa gishirin da likita ya hana ni. Hajiya tana tankaɗe. Ta dube ni, ta dubi asabarin, ta ci gaba da tankaɗenta.

Da la'asar ƙanenta ya kawo mana gero. Ya tsuguna gaban asabarin, ya ɗebi kaɗan ya murza, ya zama gari a tafinsa.

"Yaya, harawa kaka saidawa yanzu? Nawa dami? Ragona bai taɓa samun irin wagga ba."

Na ce masa ganyen Turawa ne. Ya ce lallai Turawa sun iya kiwo.

Tiren ba su sake tohowa ba, sai na sake shuka. Da ya isa yanka, Hajiya ta ce in bar mata girbi da ajiya, ta nuna mini jiƙaƙƙen tsumma a gindin randa. Na yarda kamar mai yin alfarma. Kullum da rana ta ajiye mini kwano: dafaffen ganye, ƙuli-ƙuli, albasa, tumatir, ɗan yaji. In ci in siɗe. Jikina ya yi sauƙi, da na koma awo likita ma ya yaba.

Rannan na ƙoshi, baki ya buɗe. Na ce mata ta dai gani, ganye ma akwai na wayayyu, ta ɗanɗana ta ji bambancinsa da abin da suke ci a ƙauye. Ta zo ta ɗauke kwanon. Har yau kwanon bai daina zuwa ba, amma ga abin da ta faɗa mini a ranar.

"Alhaji, naka tun kwana na ukku ya ƙare. Zogalen Dundaye kaka ci, sati biyu ke nan."