Ƙanƙarar Mangwaro a Ɗakin Mai Jego

Lallen hannun dama na Lauratu ba ya daɗewa. Na hagu yakan yi makonni jawur, amma na dama, daga babban yatsa zuwa na tsakiya, kwana biyu ya koɗe ya koma kalar ɓawon gyaɗa. Matan unguwarsu a Sule Tankarkar sun ɗauka wanki ne. Ba wanki ba ne, gishiri ne da ƙanƙara. Da wannan hannun take juya kwano.

A Gagarawa Tasha aka haife ta, a gidan da ke da itatuwan mangwaro a bayansa, irin ƙananan nan masu zare waɗanda ba a kai su kasuwa. Aure ya kawo ta gidan Haladu, mai babur ɗin da ke kai mutane Maigatari ranar Alhamis. Wata ranar kasuwa ta bi shi sayen kwanuka, a can ta ga wata mata daga tsallaken iyaka zaune gaban bokiti, tana juya kwano a cikinsa, mutane sun yi layi da cokula. Lauratu ta tambaye ta yadda ake yi. Matar ta dube ta sama da ƙasa ta ce ta saya ko ta matsa. Sai Lauratu ta matsa rumfar kusa, ta yi ta taya ƙoƙon da ba ta da niyyar saya, idonta na kan bokitin, har ta ga lokacin da matar ta watsa gishiri a kan ƙanƙarar.

Na farkon da ta yi a gida gishiri ya shiga ciki. Na biyu ma haka. Haladu ne ya shanye su, yana cewa miyar tata ta yi daɗi, tuwon ne dai bai iso ba. Da ta gane sai murfin kwanon ya kama sosai, kuma ƙanƙara ba ta wuce wuyansa, shi ke nan hannunta ya faɗa.

Tun daga lokacin, duk bazara, Haladu yakan taho mata da dunƙulen ƙanƙara daga Gumel ko Maigatari, a naɗe cikin buhu da ƙaiƙayi. An sha ba ta shawara. An ce ta zuba garin kala da ƙamshi irin na kanti, ta ƙulla a leda, ta kai gidan masu firij na sola kamar yadda kowa ke yi da zoɓo. Ta ce ita ba dutse take sayarwa ba. Nata da cokali ake sha, mai so ya turo da kofinsa, mai gaggawa ya wuce gaba. Haka take a komai. Abu ɗaya ne kawai ta bi ba musu tun tana amarya, shi ne kunyar 'yar fari.

Rahama ce 'yarta ta fari. Lauratu ba ta taɓa kiran sunanta ba. “Ke” take ce mata, in kuma zancenta ya taso a cikin mutane sai ta ce “waccan”. Ba ta goya ta a gaban baƙi ba, ba ta yi mata kitso a tsakar gida ba. Yayar Haladu, Gwaggo Asama'u, ita ta yaye yarinyar, ita ta tsaya a kan aurenta da aka kai ta Gumel. Da Rahama ta dawo gida haihuwar fari a tsakiyar bazarar bana, Gwaggo Asama'u ce ta ƙullo kayanta ta tare a gidan don wankan jego. Lauratu kuwa aikinta hura wuta da girki, sai ta ajiye kwano a bakin ƙofar ɗakin mai jego ta juya.

Safe da yamma ana ɗora ƙatuwar tukunya, ruwa ya tafasa, Gwaggo ta tsoma ganyen darbejiya tana fyaɗa wa Rahama. In an fito, kunun kanwa mai zafi na jira. Ruwan sha ma sai an ɗumama. Ga kaskon garwashi a ɗaki, ga labule a sake, ga kwanon rufi da rana ke dukansa tun hantsi. Duk don kada sanyi ya shigi mai jego.

Bayan suna sai kwanukan suka fara dawowa yadda aka kai su. Lauratu ce mai wankewa, don haka ita ta fara gani. Tuwo an ɗan tsakure shi a gefe. Naman da aka gasa da yaji ko taɓa shi ba a yi ba. Kunun kuwa tana jin lokacin da ake amayar da shi a bayan ɗaki. Jaririn ya koma kuka marar ƙarfi, ya kama nono ya saki, ya sake kamawa.

Ta tari Gwaggo Asama'u a bakin murhu.

“Yaya, waccan fa ba ta cin abinci.”

“Sangarta ce. Yaran yanzu kenan. Mu da muka yi jego goma, wa ya lallashe mu?”

“Nonon ma kamar ya ja baya.”

“Kanwa ce ba ta ishe ta ba. Gobe zan ƙara.” Gwaggo ta gyara itace a wuta. “Ke kuma tun yaushe kika fara leƙen kwanon 'yar fari? Ki kama kanki, Laure, akwai idon mutane.”

Lauratu ta koma kan aikinta. Da azahar ta zo wucewa ta ƙofar ɗakin da tsintsiya, iska ta ɗaga labulen kaɗan. Gwaggo tana salla a rumfa. Rahama na durƙushe a gaban randar da ke lungun ɗakin, ta manna kumatunta a jikin randar, idonta a rufe, leɓenta duk ya tsage. Ba ta buɗe murfin ba, don an hana ta. Jikin randar kawai ta samu.

Lauratu ta san wannan durƙuson. Ita ma a bazara ta haifi Rahama, kuma ta san ɗanɗanon bayan randa a harshe. Ta jingine tsintsiyar.

Haladu na shigowa da la'asar ta tare shi tun a zaure, ta karɓi buhun ƙanƙarar.

“Yau ba na sayarwa ba ne, Malam.”

“Na wa ne?”

Ta nuna ɗakin da haɓa. Haladu ya cire hula ya sosa kai.

“Kin san halin Yaya.”

“Na sani.”

“To ni dai ina masallaci.”

“Ka daɗe a can,” in ji ta.

Ba ta shiga madafa ta ɓuya ba. A tsakiyar tsakar gida ta shimfiɗa tabarma, inda duk mai shigowa zai gan ta. Ta zaɓi mangwaron da suka nuna luguf, ta wanke, ta ɓare, ta matse su da hannu a kan rariya har zaren ya rage a sama, ruwan ya sauka da kauri. Ta tace jiƙaƙƙiyar tsamiya ta zuba kaɗan, ta narka sukari a ruwa ta ƙara, ta ɗanɗana. Sai ta ɗan yi tunani, ta miƙa hannu ta barbaɗa garin citta. Ta juye a kwanon silba ta danna murfi. Ta farfasa ƙanƙarar da taɓarya, ta zaunar da kwanon cikin bokiti, ta cika gefensa: ƙanƙara, gishiri, ƙanƙara, gishiri. Sannan ta ɗora hannun dama a kan murfin ta fara juyawa, dama da hagu, dama da hagu.

Ƙarar ce ta fito da Gwaggo Asama'u. Maƙwabta biyu da suka shigo barka suna biye da ita.

“Masu saye sun kusa zuwa kenan,” in ji ɗaya daga cikinsu. “A ajiye mini nawa.”

“Yau babu,” Lauratu ta ce. Ta buɗe kwanon, ta kankare abin da ya daskare a gefe da cokali, ta gauraya shi da na tsakiya, ta rufe, ta ci gaba da juyi. Yatsunta sun yi fari, sun daina jin komai. Ta sake buɗewa, ta sake kankarewa. Da ya yi laushi kamar jiƙaƙƙen rairayi, ta ɗebi cokali uku a ƙaramin kofi, ta goge hannu a zani, ta miƙe.

Gwaggo ta riga ta isa ƙofar.

“Ina za ki da shi?”

“Ciki.”

“Ƙanƙara? Wa mai jego? Laure, kanki ɗaya kuwa?”

“Na sa citta, Yaya. Ga zafi nan a ciki.”

Ɗaya maƙwabciyar ta yi dariya, ta yi sauri ta rufe baki da mayafi. Gwaggo ba ta yi dariya ba.

“Ni na yaye yarinyar nan. Ni na aurar da ita. Ba za a kashe mini ita da sanyi a hannuna ba.”

“Ba wanda ya isa ya ce ba ki yi ba. Kin yi, Allah Ya saka miki. Amma ba ta ci, ɗanta ba ya samu.”

“In sanyi ya shige ta, ta kumbura, wa zai amsa?”

“Ni.”

“A wane matsayi?”

Lauratu ta ji idon matan nan a bayanta. Kofin na ɗiga a tafin hannunta. In ta ƙara tsayawa zai narke.

“Ni na haife ta,” ta ce.

Ba ta ɗaga murya ba. Wannan magana ce da ba a taɓa jin ta a bakinta ba. Gwaggo ta riƙe haɓa tana salati. Lauratu ta raɓa ta gefenta, ta ɗage labulen ta rataye shi a kan ƙofa, ta tura kaskon garwashin waje da ƙafa.

Rahama na zaune a bakin gado, jaririn a cinyarta. Ta ji komai. Ta dubi kofin, ta dubi ƙofa.

“Inna, Gwaggo za ta yi fushi.”

“Da ni za ta yi. Buɗe baki. A hankali, ki bar shi ya narke tukuna.”

Cokalin farko Rahama ta riƙe shi a baki, hawaye na bin fuskarta. Lauratu ta zuba wa bango ido, tana jira ta ga ko zai dawo kamar kunun. Bai dawo ba. Ta ba ta na biyu. A na uku Rahama ta karɓi cokalin da kanta, ta lashe har ƙasan kofin.

“Akwai saura?”

“Akwai. Sai kin ci tuwo.”

“To a kawo. Da miyar kuka, ban da yajin nan.” Ta share fuska da bakin zani, ta ɗan yi murmushi. “Inna, tunda kin fara, ki ƙarasa mana. Ki kira sunan.”

“Ji mini marar kunya,” in ji Lauratu. “Gyara wa yaron nan kai.”

Da aka kawo tuwon, Rahama ta cinye rabin malmala. Ba yawa, amma rabon da ta ci haka tun kafin suna.

Gwaggo Asama'u ba ta tafi ba, ba ta kuma sauko ba. Ta ce wanka dai ba za a fasa ba tana raye, ta mayar da kaskonta ɗaki, Lauratu ta sake fitar da shi. Kafin magariba labari ya zaga unguwa cewa matar Haladu ta zubar da kunya, ta shiga ɗakin 'yar fari da ƙanƙara a gaban mutane. Haladu ya dawo daga masallaci yana tafiya kamar mai taka ƙwai, ya gaida yayarsa, ta amsa masa da ƙeya. Ya matso kusa da matarsa ya rage murya.

“Ta ci?”

“Ta ci. Gobe ka taho da babban dunƙule, wannan ya yi kaɗan.”

Ta ɗauki bokitin, ta kai ruwan gishirin can gindin katanga inda ba a shuka komai ta zubar, ta ɗauraye kwanon ta kife, sannan ta shanya buhun a kan igiya.