Ɗamarar Gwaggo

A wani kanti a Tokyo na tsaya gaban hoton wata mace: baƙaƙen kaya har ƙasa, faffaɗar ɗamara a ƙugu, fuska babu alamar wasa. Mai yi mini tafinta ta ce irin matan da ake yayi ke nan a can, a tufafi da finafinan zane, mace mai faɗa a bi. Na ga irinsu a ƙasashe da dama, amma a ranar, Gwaggo na gani.

Gwaggo yayar Baba ce, ita ce ungozomar ƙauyenmu a gabas da Goronyo. Zanenta baƙin rini ne, in ka taɓa sai shuni ya bi hannunka. Idan lamari ya ɓaci, takan ɗaura tsohon rawanin mijinta a ƙugu. Ranar da aka ga ɗamarar nan babu macen da za ta hura wuta.

Da aka ce za a tashe mu saboda ruwan dam, maza suka zauna da ma'aikata aka ƙidaya gonaki da itatuwa. Ba wanda ya tuna da jarirai. A wajenmu jaririn da ya koma kafin suna ba a kai shi maƙabarta, a bayan ɗakin uwarsa ake rufe shi. Ƙanena yana bayan ɗakin Inna.

Gwaggo ta yi ɗamara. Murhu ya huce gida-gida.

"Yaya, mi kika so mu yi?" in ji Baba. "Ko suna ba su da shi."

"Kun ƙidaya iccen mangwaro," ta ce. "Ɗiyanku ba su kai icce ba?"

Liman ya ce ya halatta a tone su. Maza suka ɗauki fartanya, tana gaba tana nuna wuri, ana kwashe su zuwa tudu. A bayan ɗakin Inna aka haƙa nan, aka haƙa can, ba a samu komai ba. Damina ta sha cinye katangar wurin, alamar Gwaggo ta ɓace. Ta ce a ci gaba da haƙa, har Inna ta riƙe fartanyar Baba ta ce a bar shi. Ban taɓa ganin Gwaggo zaune a ƙasa ba sai ranar.

Yanzu a asibiti ake haihuwa, kuma ruwan dam ɗin ya kai fadamun Wurno da Rabah, ana noman albasa da shinkafa har da rani. Ina ci, ina godiya. Na sha ruwan ƙasashe da yawa, amma wannan har yau ban iya kai shi baki ba.