Mai Tsiren Jidda da Ya Ƙi Goge Sunansa

Damina biyar ke nan da rasuwar taubashina Alhaji Sale. Na ce damina don ba ni da ranar da zan nuna in ce ita ce. A daji ya cika, a hannun masu garkuwa da mutane, labarin kuma bai iso mana ba sai da aka yi girbi aka gama. Ba mu wanke shi ba, ba mu ɗauke shi ba. Tabarmi kawai muka shimfiɗa a ƙofar gidansa a Batsari, mutane suna zuwa suna yi mana gaisuwa.

Abin da ya fama mini mikin a bana wani shiri ne da na ji a rediyo. Ana bayanin yadda ƙasashen Larabawa suke ta sauya dokokinsu na zuba jari. Wai sun gane man fetur ba zai riƙe su har abada ba, don haka gwamnatocinsu na janye hannu daga wasu harkokin suna bar wa 'yan kasuwa, kuma a sana'o'i da dama yanzu baƙo na iya buɗe kamfani da sunansa, ba sai ya raɓe a bayan ɗan ƙasa ba. Ni ba masanin tattalin arziki ba ne, tsohon malamin firamare ne da alli ya cinye wa yatsu. Amma wannan magana ta ƙarshe na fahimce ta fiye da mai gabatar da shirin, don na san mutumin da rashinta ya karya.

Mahaifin Sale wan mahaifiyata ne, mahauci a Wagini. Ni aka kai boko, shi ya gaji wuƙa. Tun muna yara Bawana yake ce mini, kamar yadda ɗan namiji ke yi wa ɗan mace, ni kuma in rama da Sarkin Ƙudaje. Yana saurayi ya tafi aikin hajji, ya ga wuri ya zauna. Ya fara da tiren tsire a wata unguwa a Jidda, da ƙuli da yajin da mahaifiyarsa ke aika masa ta hannun alhazai. Larabawa suka ɗanɗana suka kasa bari. Daga tire sai shago, daga shago sai kujeru da firji da ma'aikata.

Sai dai a wancan zamani baƙo ba ya mallakar shago. Dole ka sami ɗan ƙasa, kafili, a yi lasisi da sunansa, kai kuma a takarda ka zama yaronsa. Sale ya dace da wani dattijo mai amana. Ƙarshen wata ya zo ya sha shayi, ya karɓi rabonsa da ƙunshin tsire, ya yi addu'a ya tafi. Haka suka zauna fiye da shekara ashirin, ko sau ɗaya ba a ji kansu ba. Amma zanen aro ba ya rufe katara. Dattijon ya rasu, 'ya'yansa suka zo rabon gado, shagon kuwa yana cikin abin da za a raba. Ba su zage shi ba, ba su kira masa 'yan sanda ba. Cewa suka yi in yana so ya ci gaba da aiki a kan albashi.

Bayan ya dawo gida ya ba ni labarin sau ɗaya tak, muna zaune a gindin darbejiya. Ya ce, "Bawana, ka san mi ya fi ci mani rai? Ba firjin ba, ba kujerun ba. Da na ce masu ni na gina wurin ga da hannuna, babbansu ya fito da ni waje, ya nuna mani allon da ke bisa ƙofa ya ce in karanta. Na karanta. Sunan ubansu ne."

Da ɗan abin da ya daɗe yana aikowa gida ya sake farawa a Batsari. Ya kafa turakun raguna, ya buɗe shagon nama da firji mai aiki da hasken rana, ya sayi tsohuwar mota ta ɗaukar dabbobi. Ranar da motar ta iso, kafin bakanike ya duba injinta, mai fenti ya riga ya fara aiki. Sunansa da na mahaifinsa, da boko da ajami, a ƙofar dama da ta hagu da bangon shago, da manyan baƙaƙen da makaho ma zai laluba. Na ce masa saura goshinsa. Ya ce da ba don alwala za ta goge ba, da tuni ya rubuta.

Mun yi dariya a lokacin, don ba mu san irin shekarun da ke tafe ba. Da 'yan bindiga suka fara fitowa daga dajin Rugu suna tare hanya, mutanen yankinmu suka koyi wata sana'a sabuwa, wato ɓoye arziki. Mai hatsi ya rarraba buhunansa a gidajen dangi. Ma'aikacin ƙaramar hukuma ya jingine sabon babur ya koma hawa na haya. Ni kaina da nake koyarwa a Safana, ranar kasuwa tsohuwar riga nake sakawa, ni da albashina ba ya kai tsakiyar wata. Masu motoci suka kankare sunayensu. Duk shagon da ka shiga ka tambayi mai shi, sai wanda ka san tun kakansa ya ce maka, ai na wani Alhaji ne a Kano, shi tsaro kawai yake yi.

Matarsa Hajiya Rabi ta yi magiya har ta gaji, sannan ta aiko a kira ni, wai ko zai ji ta bakin abokin wasa. Na same shi yana ba raguna dusa. Na ce masa gemun maƙwabta ya kama wuta, ya shafa wa nasa ruwa. Galan ɗaya na fenti ya isa. In an tambaya ya ce motar ta wani ce.

Da ya ɗago, babu wasa a fuskarsa. Ya ce, "Can na yi shekaru ina cewa nawa na wani ne don doka ta tilasta mani. Yanzu in zo garin ubana in sake faɗin haka da bakina? To don mi na dawo?"

Ba na so mai karatu ya ɗauke shi wawa ko mai jayayya da ƙaddara. Ya rage tafiye-tafiye, ya daina kai yamma a hanya, ya daina saka babbar riga. Duk abin da aka ce ya bari ya bari, ban da wannan guda ɗaya.

Da rana tsaka aka tare su tsakanin Zakka da Safana, sun sayo raguna. Direbansa Isiya ne ya dawo ya faɗa mana yadda aka yi. Akwai fasinjoji da suka rage wa hanya, duk aka sauke su aka kwantar. Ɗaya daga cikin masu bindigar ya tsaya ya karanta ƙofar motar da ƙarfi, sannan ya tambaya wane ne mai sunan. Sale na sanye da tufafi irin na kowa, tafin hannunsa kuwa na mahauci ne, kaushi kamar na manomi. Isiya ya rantse babu wanda ya nuna shi ko da ido. Da suka ga an yi shiru sai suka hau dukan direban. Nan Sale ya miƙe zaune ya ce, "Ku bar shi. Ni ne. Motar tawa ce."

An sayar da motar da ragunan an kai abin da suka nema, ba su sake shi ba. Daga baya wani mutumin Wagini da ya kuɓuto ya ce mana ciwon suga ne ya kwantar da shi, babu magani, kuma su da aka tsare tare da shi suka rufe shi a gindin wata bishiya da shi kansa ba zai iya gane ta ba yanzu. Na ji haushin Sale, ba zan ɓoye ba. Na yi shekara guda ina masa faɗa a zuciyata, ina cewa galan ɗaya na fenti, Sarkin Ƙudaje, galan ɗaya. Wani lokacin kuma in tuna yadda Isiya ya ce ya faɗi kalmar nan ta ƙarshe, ba rawar murya, sai in bar faɗan.

Da yana raye ya ji shirin rediyon nan, me zai ce? Na san dariya zai fara yi. Zai ce ba don masu tsire aka gyara dokar ba, masu manyan jakunkuna ake zawarci, kuma da gaskiyarsa. Waɗanda suka je Umara suna ba da labarin gine-gine da kamfanonin baƙi da suka cika ko'ina, ban ji wanda ya ce talakan da ya je neman abinci ya daina shan wuya ba. Amma bayan dariyar na tabbata zai gyaɗa kai. Domin abin da Larabawan suka gano a makare shi ne abin da shi ya sani tun yana gaban gawayi: mutum ba ya sakin jiki ya gina abin da ba zai iya cewa nasa ba ne. Su sun ga ɓoye mai dukiya na hana dukiya girma, suna buɗe ƙofa. Mu kuwa babu dokar da ta hana kowa rubuta sunansa, tsoro ne ya zame mana kafili. Ana ta kiran masu jari su zo jiharmu, alhali na gida da ya tara raguna goma yana rantsuwa cewa ba nasa ba ne.

Ina zaune a Katsina yanzu, tun da na yi ritaya ban koma ba. Kwanakin baya babban ɗan marigayin ya zo gaishe ni. Ya kama sana'a a wani gari da ba zan faɗa ba, Allah kuma ya sa mata albarka. Bayan mun gaisa ya sunkuyar da kai ya ce, "Baba, alfarma nika nema. In an tambaya, ina so in riƙa cewa wurin naka ne, ni albashi kake biyana. Kai kana birni, ba mai iya zuwa gare ka."

Na dube shi, goshin ubansa sak. Na so in ce masa ya san abin da ubansa ya mutu a kai kuwa? Sai na tuna ya fi ni sani, kuma yana da mata da 'ya'ya ƙanana, ga tsohuwa Hajiya Rabi da ba ta da sauran hawayen da za ta zubar. Na ce masa na yarda.

Idan aka tambaye ni me ya rage na taubashina, ba zan ce shago ba, an daɗe da shafe bangon da farar ƙasa. Akwai Isiya da ke raye yana tuƙi yana ciyar da iyalinsa. Akwai ɗan da ya gaji hannunsa na neman halal, ya kuma gaji zaman yaro a wurin da ya gina da guminsa. Allah ya jiƙansa, ya haskaka inda yake kwance, tunda Shi ya san wurin.

Da yaron zai tafi, na gaya masa zan rubuta wani abu a jarida don tunawa da mahaifinsa. Ya tsaya a bakin zaure ya roƙe ni abu ɗaya, na kuwa cika masa. Ba Sale ne sunan taubashina ba.