Ranar da Dakta Ya Tambayi Inna Sunana

Ƙarfe sha ɗaya da minti goma na safiyar wata Laraba, lokacin cirar auduga, Dakta Haruna ya yi wa Inna tambayar da ta ɓata masa aiki. Na san lokacin saboda agogon Baba yana hannuna, kuma komai na gani a ƙuruciya sai na rubuta a bayan littafin lissafina.

Dakta likita ne a Malumfashi. Ranakun hutunsa yakan ɗaura kyamara a bayan babur ya shiga ƙauyuka yana haɗa fim kan cututtuka, wai abin da ido ya gani ya fi allura zama a jiki. Shekarar ina aji huɗu yana aiki kan sanƙarau, sai ya ji cewa na taɓa yin ciwon ina goye na tashi. Ya zaunar da Inna a gindin rumbu, kaji na tsattsagar dawa, ni kuma aka ajiye ni kusa da ita da kwaryar gyaɗar da nake ɓarewa. Ya ce, "Uwar gida, fara da sunan yarinyar." Ni ce 'yar fari. Inna ba ta taɓa kiran sunana ba, "ke" ce ko "waccan", ko kallona ba ta yi a gaban mutane. Ta ja mayafi ta shige ɗaki. Kakata ta bushe da dariya: "Dakta, bokon ya cinye maka kunya ne?" Na san al'ada ce, amma ranar na kai awaki kiwo ina tambayar kaina ko akwai wani abu a bayan kunyar.

Bayan mako guda Dakta ya dawo da goro ya ba da haƙuri, aka aike ni gona kai fura, ya ɗauki maganar Inna ba na nan. An nuna fim ɗin a makarantarmu da rana tsaka, an toshe tagogi da buhunan auduga, janareta na ta ƙara. Sai ga Inna a jikin bango, tana faɗin yadda wuyan "yarinyar" ya sandare, yadda ta goya ta, ta taka a ƙafa tun daga gona har bakin titi ba takalmi. Yara na ta zungurina, ni kuwa na kasa ɗaga kai.

Yanzu kowa da kyamara a aljihu, kuma ƙawayena suna kiran 'ya'yansu na fari da suna ba wanda ya waiga. Ina karatun likita, Inna har yau "ke" take ce mini, kuma na saba. Bara na ziyarci Dakta a Funtua, ya tsufa, faya-fayansa jere a kwali. Na daɗe ina juya kofin shayi kafin na tambaye shi ko akwai abin da ya yanke daga maganar Inna.

Ya ce, "Ban yanke komai ba, Sa'adatu. Sai da na kashe kyamara ta tambaye ni ko ciwon zai iya dawowa. Sau uku ta tambaya. A na ukun ta manta, ta kira sunanki."