Kububuwa a Bukkar Gauraka

Har yau ƙarar nan ba ta bar kunnena ba, wani cuu-cuu kamar an yayyafa ruwa a kasko mai zafi, dab da ƙafata ta hagu. Wata Talata ce da damina, wajen bakwai na safe, a bakin wani tabki kusa da garin Dogo.

Watana huɗu ke nan a aikin, daga lise, wato sakandare, aka ɗauke ni. Fim muke yi a kan gauraka, za a nuna a ƙauyuka don a daina kwashe 'ya'yansu ana sayar wa masu kuɗi. Yadda ake yi, ana kafa bukkar zana a bar ta har tsuntsayen su saba, sannan mutum ɗaya ya shiga da kamara. Dokar shef ɗinmu, wato shugaban aikin, Malam Habu, a bubbuga zanar da sanda kafin a shiga, saboda macizai. Ni ban buga ba. Kwana tara muna jiran ƙyanƙyasa, ga uwar a kan sheƙa, na ji tsoron ta tashi.

Ina cikin bukkar na ji ƙarar, sara ɗaya kububuwa ta yi min a idon sawu. Na cije leɓe, na bar kamara tana ɗauka, na ja jiki na fita ta baya.

Baba Idi, dattijon da ke mana jagora, ya zaro aska. "'Yata, miƙo ƙafar in tsaga, dafin ya fita."

"Baba, mayar da askarka," in ji shef. "Dafinta tsinka jini yake. Ka tsaga, ba za ta kai Damagaram ba."

"Kakana haka yake yi."

"Allah ya jiƙan kaka. Ara mana amalankenka."

Aka ɗora ni a kai, Baba Idi da kansa ya kora shanun har bakin motarmu, yana ta addu'a.

Kafin mu shiga gari dasashina ya fara jini. Shef ya waiwayo. "Hadiza, kin buga zanar?"

"A'a, shef."

"To in kin koma ki buga."

Wannan "in kin koma" na riƙe duk hanya.

A asibiti lokotoro, wato likita, wata mace, ta ɗibi jinina a busasshiyar kwalba, ta ajiye minti ashirin. Da ta karkata, ya gangaro kamar ruwa. Aka sa min maganin dafi ta jijiya, aka ce sai bayan awa shida a sake gwadawa.

Ku da kuka shigo aikin bayana, ga abin da na gane a kan gadon asibitin nan: uwar gauraka ko ta tashi za ta dawo sheƙarta, ni ce na kasa haƙuri. Na sa sunana a fita ta gaba.

Biyar da rabi na yammacin ranar lokotoro ta sake gwajin, ta kifa kwalbar a gabana. Jinin ya daskare, ko motsi bai yi ba.

"Kin tsallake, ƙanwata," ta ce. "Kira mamarki."