Na tarar ana zaman makokina

Jiya ina sauka daga kabu-kabu a ƙofar gidanmu a Magariya, sai na ga an shimfiɗa tabarmi, dattawan unguwa sun yi jugum. Na ce shi ke nan, Inna ta tafi.

Ina yin sallama wani tsoho ya zabura da salati, har carbinsa ya faɗi. Ashe ni ne mamacin!

Kun san yadda muke yin fim a nan. Ni ke rubuta labari, ni ke riƙe kamera, ni ke montaj, wato yanka da haɗa hotuna. Wannan karon a wani ƙauyen Dungas muka yi ɗauka, aka zo wurin jana'iza, kowa ya ƙi yarda a naɗe shi a likkafani. Na miƙa wa abokina kamera na kwanta. Wani ɗan kallo ya ɗauki hotona da salula kafin a rufe fuska, hoton ya riga ni zuwa gida. Ga ƙauyen babu rezo na waya, balle a same ni.

Na shiga ciki. Inna ta shafa fuskata.

Na ce, "Inna, fim ne fa. Babu mai yi ne, shi ya sa."

Ta ce, "Yi rubutunka, yi ɗaukarka, ban hana ka ba. Amma likkafani, ka bari in riga ka."

Har yanzu ban dawo daidai ba. Jama'a, wurin jana'izar nan, in yanke shi daga fim ɗin ko in bar shi?